Hayaƙin Layin Masu Gumi

Da aka ce kowace unguwa ta fito da mutanen da za su riƙa zama suna ba ƙaramar hukuma shawara, matan Nasarawa ba su wahalar da kansu wajen neman wadda za su tura ba. Sauda mai inji suka ce. Dalilinsu kuwa ba su ɓoye ba: duk unguwar babu mai muryarta. Ta daɗe tsaye kan injin markaɗe tana magana da mata cikin ƙarar ƙarfe, har murya ta zauna mata a sama, ko gaisuwa take yi sai na layin baya ya amsa. Ban da haka, babu gidan da robar markaɗensa ba ta zuwa wurinta, saboda haka abin da ke faruwa a unguwar da wuya ya wuce kunnenta.

Mijinta Malam Labbo tela ne, mutum mai sanyin magana. Da ta gaya masa, bai ɗaga ƙafa daga keken ɗinki ba.

"To, Allah shi ba mazan kwamitin haƙuri," ya ce.

A wani aji na makarantar firamare suke zama, farkon kowane wata, bayan la'asar. Manya da furfurarsu su lanƙwashe kan bencin yara, gwiwa na taɓa haɓa. Shugabansu Alhaji Sunusi ne, tsohon hedimasta, wanda har yanzu in zai yi magana sai ya ɗaga yatsa. Akwai Aminullahi mai gyaran waya, wakilin matasa. Akwai Dominic mai kemis, mutumin Pankshin, wanda ya zo Birnin Kebbi tun yana saurayi, ya yi aure, ya haifi 'ya'yansa duka a nan. Sai wasu dattawa. Mace ita kaɗai ce.

Kwamitin ba shi da albashi, ba shi da ikon hana kowa komai. Abin da suka tsayar, kansila ake miƙa wa, shi ya kai gaba. Da farko mutane dariya suke yi musu. Amma da suka matsa aka gyara famfon bakin masallaci, aka kuma sauya wa masu nama wurin wanke kayan ciki, sai aka fara tare su a hanya ana kawo musu ƙara.

Maganar da ta girgiza su ta taso ne cikin zafin bazara, bayan an yanke shinkafar rani.

A bayan kemis ɗin Dominic akwai wani dogon layi da ake kira layin masu gumi. Matan gidajen nan shanshera suke sayowa daga Zauro da Augie, wato shinkafar da ba a cire wa ɓawo ba, su jiƙa ta, su turara cikin rabin duro a kan wutar itace, su shanya, sannan a kai inji. Da wannan sana'a suke ciyar da gida, su sa yara makaranta. Sauda ta san aikin ciki da bai, don uwarta ma gumi take yi a Zauro, cikin wannan ƙamshi ta girma.

Ranar zaman, Dominic ya miƙe tsaye, abin da bai saba yi ba. Ya cire tabarau ya riƙe a hannu.

"Shugaba, ban taɓa kawo maganar gidana nan ba. Yau zan kawo. Treasure, autata, tana asibiti. A bakin ƙofa numfashinta ya ɗauke tana shirin tafiya makaranta. Kun san tana da asma. Likita ya ce hayaƙi ne ke tayar mata. Ba na gaba da kowa, Allah ya sani. Amma tun da shinkafar rani ta shigo, daga asuba har azahar ba ma buɗe taga. Ruwan jiƙo kuma a kwata yake kwana, yana wari, sauro na haihuwa."

Kamar jira ake yi. Wani dattijo ya ce shanyar gidansa kullum ƙauri take yi. Wani ya ce ko a masallaci liman sai ya tsaya ya yi tari. Alhaji Sunusi ya ɗaga yatsa.

"Magana ta hito hili. Mu ba hukuma shawara ta hana gumi cikin gidaje. Duba-gari su zo su ga an bi. Wanda yay yarda shi ɗaga hannu."

Hannuwa suka fara tashi.

"Alhaji, ku dakata," in ji Sauda, muryarta ta cika ajin. "Ni na tahi asibiti na gano yarinyar nan da idona. Abin da Baban Treasure yah hwaɗi gaskiya na, har ma ya rage. Amma ina tambaya, cikinmu nan wa yat taɓa zama da matan layin nan yaj ji ta bakinsu? In an kashe musu wuta, mi za su ɗora gobe?"

"Matan kulle na, Sauda. Ba su zuwa taro," in ji Alhaji.

"To taro shi tahi wurinsu. Ku ba ni zuwa zama na gaba."

Dominic ya juyo ya dube ta, ransa a ɓace. "Inna Sauda, har zama na gaba? Yarinyata za ta ci gaba da shaƙa kenan?"

"Ba ta shaƙa. Gidana can ƙarshen unguwa yake, iska ba ta kai hayaƙin can. Ɗakin ɗiyata da anka aurar yana nan a share. In an sallame ta, Maman Treasure ta kawo min ita. Kun san abin da muke ci, kun san mu."

Dominic ya daɗe yana juya tabarau. Daga baya ya ce sai ya ji ta bakin matarsa. Aka tashi ba a yanke komai ba, Alhaji Sunusi yana ta girgiza kai.

Magdalena, matar Dominic, ba ta ja magana ba. Da aka sallami yarinyar, ta kawo ta da jakar littattafanta da abin shaƙarta, ta zauna ta nuna wa Sauda yadda ake amfani da shi, ta maimaita har sai da Sauda ta ce ta gane.

Washegari da hantsi Sauda ta rufe inji ta nufi gidan Ummu Hani. Ita ce babba a layin masu gumi, ba don an naɗa ta ba, sai don ita ta koya wa mafi yawansu. Tun daga zaure hayaƙi ya tare Sauda. A tsakar gida durorin suna jere kan duwatsu, wuta na ci, Ummu Hani na tsaye da doguwar muciya, ta ɗaure kai tamau. Ta amsa sallama ba ta waiwayo ba.

"An ce kin sa hannu a kore mu."

"Wanda yag gaya miki ƙarya yay yi, Yaya. Ni nit tsai da hannuwan."

"Baƙi sun zo sun ishe mu da sana'armu, yanzu su ka son tashin mu."

Sauda ta jawo turmi ta kife, ta zauna a inda hayaƙin ya fi kauri.

"Wane baƙo? Mutumin da ad da shago nan tun ba ki aurar da ɗiya ko guda ba? Wanda in jikanki ya yi zazzaɓi gare shi kike aikawa? Kak ki bari a ɗora maganar ga bisa wanga layi, Yaya. In ta hau can ba ta saukowa, kuma ba ku za ta amfana ba. Yarinya ta, numfashinta ka ɗaukewa. Tana gidana, ki zo ki ji ƙirjinta."

Ummu Hani ta zuba itace, ta kau da fuska ta yi tari mai tsawo, ta goge ido da gefen zani.

"Ke ma dubi idonki," Sauda ta ce.

"Idona ya saba. Yunwa ta ba mu saba da ita ba."

"Shi yas sa niz zo."

Sai Sauda ta ba ta labarin ƙanwarta Laure da ke aure a Argungu. Can matan unguwarsu sun daina gumi a gida, suna da fili guda a bakin gari inda suke haɗuwa, kuma ba itace suke ƙonawa ba. Sauda ta taɓa leƙawa lokacin da ta je suna, amma ba ta duba da kyau ba, don a lokacin ba abin da ya dame ta ba ne.

"Mu tahi ki gani da idonki. In kin ce bai yi ba, ni da bakina zan gaya ma kwamiti bai yi ba."

"Malam ba ya bari."

"Malam Labbo ka yi mishi ɗinki. Bar su su biyu."

Abin da Malam Labbo ya gaya wa Malam Tamba, mijin Ummu Hani, bayan sallar magariba, Sauda ba ta taɓa ji ba. Ya dai dawo ya ce an yarda.

A tsohuwar motar Dominic suka tafi, ranar Asabar. Alhaji Sunusi ya ce shi ba ya ba da shawara kan abin da bai gani ba, ya shige gaba da sandarsa. A baya Ummu Hani ta manne da wannan taga, Magdalena da waccan, Sauda a tsakiya kamar katanga. Har suka fita gari babu mai magana sai Alhaji da ke gyara wa Dominic tuƙi.

Da suka fara ganin fadama, karan shinkafa a yanke, shanu na kiwo a ciki, Magdalena ta ce ita har yau in ta ga masussuka uwarta take tunawa. A garinsu acca suke nomawa, kuma uwar tata ta yi ta surfe har ƙurar ta zauna mata a ƙirji, da tari ta tsufa.

"Ba ta daina ba?" Ummu Hani ta tambaya, idonta a waje.

"Ina! Mu takwas ne, Mama. Da me za ta daina?"

Can Ummu Hani ta gyara lulluɓi.

"Ƙaƙa jikin ɗiyar?"

"Da sauƙi. Tun da ta koma gidan Inna Sauda asmar ba ta tashi ba."

"Allah shi ƙara sauƙi."

Filin na Argungu a bakin gari yake, an kewaye shi da katangar ƙasa mai tsawo. Daga nesa ana hango bututun ƙarfe sun leƙo sama, siririn hayaƙi na fita yana bin iska. A bakin ƙofa wata tsohuwa na zaune kan tabarma tana tsinkar zogale, Baiwa sunanta. Ta amsa gaisuwa da fara'a, ta matsa wa matan suka wuce. Da Alhaji Sunusi ya ɗaga ƙafa zai bi, sai ta miƙa sandarta ta tare ƙofar.

"Nan mata na, Alhaji."

"Daga Birnin Kebbi munka zo. Ni na shugaban kwamiti."

"Barka da zuwa. Ga inuwa can, ga mai kihi."

Dominic ya juya baya yana danne dariya. Alhaji ya tsaya da yatsa a sama, bai sami wanda zai nuna wa ba. Haka suka koma gindin wata bedi, wato darbejiya, inda wani mutum ke gasa kifi.

Laure ta taro su da gudu tana "Adda! Adda!", hannunta duk toka. Ta zagaya da su. Murahun na laka ne, an gina su a jere, kowane da bututunsa. Ɓuntun da injin casa ke zubarwa shi suke ɗurawa, yana ci a hankali. Cikin kowane duro akwai faranti mai huji-huji da ke ɗaga shinkafa sama da ruwa, tururi kaɗai ke ratsa ta. Ga daɓen siminti na shanya. Ruwan jiƙo kuwa an yi masa hanya zuwa wani ɗan lambu a kusurwa, inda yakuwa da kuɓewa suka yi shar.

Ummu Hani ba ta yaba ko ɗaya ba. Ta durƙusa ta leƙa cikin murhu. Ta sa hannu a tururi. Ta ɗebi shanyayyar shinkafa ta murza a tafin hannu, ta hure, ta ciza ƙwaya guda, ta daɗe tana taunawa. Sannan ta fara tambaya, ɗaya bayan ɗaya, kamar mai neman inda za ta kama ɓarawo. In ɓuntu ya jiƙe fa? Wa ke kwana da kaya? Mai goyo fa? Mazansu sun yarda?

Laure ba ta yi mata kwalliya ba. Ta ce ana faɗa kan layin murhu kusan kullum. Ta ce wasu mazan har yau ba su bar matansu sun zo ba, kuma da ba don katanga da Baiwa ba, da babu wanda zai bari. Ta ce damina ma ta taɓa ba su wuya.

"Amma tarin da nike kwana da shi ya tahi, Inna. Kuma masu saye sun fi son tamu, ba ta ƙauri."

Ummu Hani ta sake ɗibar shinkafar ta dube ta a rana.

"Ta yi haske," ta ce a ƙarshe, kamar an ƙwace maganar daga bakinta.

Da suka fito, suka tarar da mazan sun ci kifi sun wanke hannu. Alhaji Sunusi ya gyara zama, ya yi gyaran murya, ya dubi ƙasa, ya dubi katangar.

"To, mi kunka gani?"

Sauda ta buɗe baki, sai ta fasa. Ta taɓa Ummu Hani.

"Yaya ta san aikin. Ita ta hwaɗi."

Nan gindin bedin Ummu Hani ta zauna gefe, ta juya fuska kaɗan, ta yi wa shugaban kwamiti bayani tun daga murhu har lambu. Shi kuma yana tambaya, tana gyara masa. Da ta gama ta ce abu biyu ne sharaɗinta: wurin ya zama kusa, yadda mace za ta leƙa gida ta dawo, kuma kada namiji ya shiga.

"Wannan na biyun na gane shi sarai," in ji Alhaji.

Aminullahi ne ya tuna musu da fili. A ƙarshen unguwa, ta wajen da ke gangarawa fadama, akwai wani wuri da aka ware tun da daɗewa don amfanin jama'a, mutane suka mai da shi juji. A zama na gaba Sauda ta kawo maganar. Wani dattijo ya ce wannan ya wuce aikinsu, su shawara aka ce su bayar, ba gini ba. Dominic ya ce shi ne ya kawo ƙara, kuma shi ya fi son wannan da hani, don ya san in an hana, rufe ƙofa za a yi a ci gaba. Aka ɗaga hannu, aka rinjayi dattijon.

Su huɗu suka je sakatariya: Alhaji, Dominic, Sauda, da Malam Tamba da ya ce zai je ya ji da kunnensa. Kansilansu, Abdussamadu, yaro ne a kansu, ya tashi ya ba Sauda kujerarsa. Ya kira shugaban duba-gari, suka saurara tare.

"Inna, kun dai san aikinku shawara na," kansilan ya ce a hankali. "Ba ni iya ce muku ga hili yau."

"Mun sani, ɗana. Shawarar munka kawo. Amma duba wa yak kawo ta. Ga mai ƙara, ga mijin wadda anka kai ƙara, bakinsu guda. Yaushe rabonka da ganin haka a ofis ɗin ga? Ba mu ce ku gina muna komi ba. Ku ba mu aron wurin, ku kwashe shara. Sauran namu na."

Shugaban duba-gari ya yi murmushi. Ya ce shi kam in za a raba shi da bin gidaje yana leƙen murhun matan mutane, zai sa hannu da gudu. Kansila ya ce zai kai gaba, kuma zai tsaya a kai.

Maganar ta ɗan jima. Sauda ta yi ta zarya, har masu gadin sakatariya suka san muryarta tun daga bakin titi. Daga baya takarda ta fito: an ba matan aron filin, kuma tifa za ta zo.

Ranar da tifar ta gama kwasa, unguwa ta fito gayya. Aminullahi ya kawo samarinsa da shebur. Matasan cocin su Dominic suka zo da baro. Malam Tamba ya aiko da zana daga Zauro aka kewaye wurin, kafin a sami halin katanga. Laure ta zo daga Argungu da matar da ta gina musu murahu, suka kwana biyu gidan Sauda suna koya wa matan layi kwaɓa laka. Wani mai walda ya huda faranti, ya lanƙwasa bututu. Daɓen shanya kuwa na ƙasa aka yi, aka buge shi da kyau.

Ba kowa ya koma ba. Wasu mazan suka ce matansu ba sa fita ko da taku ɗaya. Wasu tsofaffi suka ce ƙafa ba ta kai su. Kwamiti ya ce a bar su, a dai roƙe su su daina zuba ruwan jiƙo a kwata. Dominic ya faɗa a fili cewa ba haka ya so ba, ya so a ce duka an tashi. Amma hayaƙin layin ya ragu ƙwarai, har Magdalena ta fara buɗe taga da safe. Treasure ta koma gida, ta tafi da son tuwon shinkafa da miyar kuka, abin shaƙarta kuma yana nan cikin jaka.

Sai ruwa ya sauka.

Wata ranar Juma'a ce, bayan an sauko masallaci. Gabas ta haɗe baƙi ƙirin, iska ta taso, kafin mata su tattara shanya ruwa ya ɓalle kamar da bakin ƙwarya. Wurin gangare ne, abin da tulin shara ya ɓoye musu a da. Duk ruwan unguwa ya biyo ta nan. Zana ta kwanta, ɓuntu ya jiƙe, shinkafar da ke kan daɓe ta yi iyo cikin jan ruwa.

Ruwan bai gama ɗaukewa ba Sauda ta ga mata sun nufo rumfar injinta, zannuwa a jiƙe. A gabansu Nazifa ce, wata yarinyar mace mai goyo, wadda duk abin da ta mallaka ke kan daɓen nan.

"Inna Sauda, ke kic ce mu taho! Da muna gida da mun ja ta ɗaki! Yanzu mi zan gaya ma mai gidana?"

Sauran suka ɗauka, kowa da tata. Sauda ta kashe inji. Ta bar su suka yi har suka gaji, sannan ta tuɓe takalmi ta ɗaure zani.

"Ni nic ce ku taho, kuma ban janye ba. Laure ta yi zancen damina, ba mu tsaya munka tambaye ta da kyau ba. Wannan sai mu gyara. Amma shinkafar da ruwa yat taɓa yau ba ta lalace ba, sai in ta kwana a tare. Kowa ta ɗauko kwano da buhu."

"Mu shanya ta ina? Ko'ina laka ta."

Sauda ta ɗaga murya ta ƙwala wa Aminullahi kira daga shagonsa na can tsallaken titi, ta ce ya ruga ya gaya wa Alhaji Sunusi tana son makullin makaranta. Gobe Asabar, jibi Lahadi, azuzuwa babu kowa, kuma daɓensu siminti ne.

Alhaji da kansa ya je gidan hedimastan yanzu, wanda tsohon ɗalibinsa ne, ya dawo da makullai a aljihu. Kafin magariba an fitar da bencina, an share azuzuwa. Mata suna tsamo shinkafa suna ɗaurayewa a famfo, samari suna ɗauka a baro, Magdalena da Ummu Hani suna cikin aji suna bazawa da hannu. Abin da ruwa ya tafi da shi ya tafi, kuma ba kaɗan ba ne. Na Nazifa kusan rabi. Ummu Hani ta ce kowace mace ta ɗebi kwano daga nata ta zuba mata, ta fara da kanta, ba ta jira amsar kowa ba.

Washegari kwamiti ya yi zaman gaggawa a tsaye, a barandar makarantar, don ajinsu cike yake da shinkafa. Dattijon nan da ya ƙi tun farko ya ce ai ya faɗa. Sauda ta ce ya faɗa, an ji, yanzu sai a faɗi abin yi. Suka tsayar da cewa a nemi hukuma ta taimaka da jan ƙasa a cike gangaren, su kuma samari su haƙa lambatu ya zagaye filin ya sauka fadama. Dominic ya ce ya san wani mai tifa da ke sayen magani wurinsa, zai yi masa magana ko da ta hukuma ta yi jinkiri. Alhaji ya ce shi zai rubuta, Sauda ta ce ita za ta kai.

A kwanakin da suka biyo baya wasu matan suka ja durorinsu suka koma gida, Nazifa na cikinsu. Sauda ba ta bi kowa da roƙo ba. Ta ce in ƙasa ta zo, lambatu ya tsaya, za su gani da idonsu.

Ranar Litinin da sassafe ta saka mayafinta na fita, ta karɓi takardar a hannun Alhaji, ta bi ta ƙarshen unguwa don ta duba aikin lambatun kafin ta wuce sakatariya. Samari sun tayar da zana, sun fara haƙa ta gefen gabas. Ta leƙa ciki. Ummu Hani ce da wasu mata uku kaɗai. Sun share laka daga murhu biyu, sun samo busasshen ɓuntu daga inji, Ummu Hani na durƙushe tana hura wuta.

"Yaya, ba ki jira ƙasar ta zo?"

"Masu saye ba su jira," in ji Ummu Hani. "Ke dai tahi ki gaya musu tifa biyu ba ta isa. Kuma ki ce jan ƙasa, kak su kawo muna yashi."

Sauda ta ce ta ji, ta fita bakin titi ta tsayar da mai Keke Napep.